Zilliyar Arthur Gould

A wasan zari-ruga ba a jefa ƙwallo gaba da hannu, sai baya ko gefe. Don haka mai son cin ƙasa yakan rungumi ƙwallon ya ratsa ƙartin da dokar wasa ta ba su izinin kayar da shi. Mai ƙarfi yakan bi ta kansu. Arthur Gould kuwa, ɗan garin Newport a Wales da aka haifa a 1864, ta gefensu yake bi. Tun yana yaro ake ce masa Biri saboda hawan bishiya.

Ga yadda zilliyar take. Zai nufo mai tsaro kai tsaye, ƙwallo a hannu biyu, don kada a gane jefawa zai yi ko gudu. Mai tsaro ya kafa ƙafa, ya sunkuya zai cafki cinya. Daidai nan, ba kafin nan ba, sai Gould ya karkata ƙugu ya lanƙwashe hanyarsa ba tare da rage gudu ba, mai tsaro ya rungumi iska. Wahalar duk tana ga lokaci. In ka yi gaggawa ya biyo ka, in ka makara ka sha ƙasa. Kuma ko an toshe masa hanya ba a tsira ba, domin yakan saki ƙwallon nan mai siffar ƙwai, yana taɓa ƙasa ya ɗauke shi da ƙafa, dama ko hagu duk ɗaya ne a wurinsa.

A Janairun 1893 Ingila ta zo Cardiff cikin sanyin da sai da aka kwana ana hura wuta a fili don kada ƙasa ta daskare. Ingila ta yi gaba, Gould ya tsallaka layinta sau biyu, aka tashi Wales 12, Ingila 11. A shekarar Wales ta fara doke Ingila da Scotland da Ireland duka, Gould ne kyaftin.

Sau 27 ya buga wa ƙasarsa. Magoya baya suka yi karo-karo don su mallaka masa gidan da yake zaune, hukumar wasan ta ƙasa da ƙasa ta ce ai wannan biya ne, alhali doka ta hana. Wales ta fice daga hukumar a 1897, ba ta koma ba sai 1898, bisa sharaɗin Gould ba zai sake buga mata ba.