Jinjina ga Ma'aikatan Otal ɗin Daula

Lokacin da gwamnatin Audu Bako ta gina Otal ɗin Daula a birnin Kano, Kazaure da Ɓaɓura da Roni da Gwiwa duk suna cikin Jihar Kano, sai a 1991 aka ƙirƙiro Jihar Jigawa, suka koma cikinta. Ke nan mu ma 'yan Jigawa da rabonmu a otal ɗin.

Otal ɗin ya sha sauya hannu. Gwamnatin Kwankwaso ta miƙa shi ga Jami'ar Wudil, ta Ganduje ta ba 'yan kasuwa wurin, a Yunin 2023 kuma aka rushe sabon ginin da suka yi a wurin.

Masu mallaka sun zo sun wuce, amma kukun da ke ɗora tukunya tun asuba, da mai gugar zanin gado, da maigadin bakin ƙofa, su suka yi wa Daula suna. Allah Ya saka musu da alheri.