Kyamara a Bakin Matan Fada: Tarken Finafinan Bikin Argungu

Duk wanda ya nazarci shirye-shiryen talabijin da ake yi a kan bikin kamun kifi na Argungu zai tarar kusan hoto guda ake maimaitawa. Da an ba da alama sai dubban masunta su ruga cikin kogin Matan Fada da koma da gora, daga nan a nuno giwan ruwa bisa sikeli, manyan baƙi suna tafi a rumfa. Hoton yana da armashi, ba musu. Sai dai mai ɗaukarsa ya tsaya ne a tudu tare da baƙi, shi ya sa masunci ya koma ɗigo cikin taro, ba fuska, ba suna.

Abin da aka fi tauye wa haƙƙi shi ne kabanci, wato tseren kwalekwale da iyo da nutso da kamun kifi da hannu da farautar agwagwar ruwa. A nan ne Bakabe yake wasa da ruwa don nishaɗi da nuna gwaninta, ba don tukunya ba, amma sau da yawa a 'yan daƙiƙu ake wuce shi. Alhali kuwa asalin bikin yana nan. Kabi da Sakkwato sun shafe yawancin ƙarni na 19 suna gaba da juna. A 1934 Sarkin Musulmi Hassan ɗan Mu'azu ya ziyarci Argungu, Sarkin Kabi Muhammadu Sama ya tarye shi da bikin su. Ke nan wasan ruwan shaida ce cewa an ajiye makami.

Jamusawa sun gane wannan hikima bayan Yaƙin Duniya na Biyu. A fim ɗin Heisser Sommer, wanda kamfanin DEFA na Jamus ta Gabas ya fitar a 1968, samari da 'yan mata ne suka tafi hutu gaɓar tekun Baltik, suna waƙa suna wanka. Labarin bai taka kara ya karya ba, kuma akwai ƙanshin farfaganda, amma kyamarar ta kusanci fuskoki, mai kallo ya ga matasan da suka tashi bayan yaƙi sun sami sukunin wasa.

Hukumar UNESCO ta sa bikin Argungu cikin gadon al'adun duniya a 2016, duk da haka masu ɗaukar hotonmu ba su cika saukowa daga tudu ba. Mu ma a Adamawa, mai niyyar ɗaukar bikin tafkin Njuwa na Yola ya kamata ya shiga kwalekwale da kyamararsa. A Argungu ko kiɗan da makaɗa suke yi a kan ruwa, muryar mai sharhi takan danne shi.