Masu Sa wa Bokan Indiya Muryar Hausa

A Briqueterie, unguwar Hausawan Yawunde mai maƙwabtaka da Tsinga, yaro da Faransanci yake karatu, da shi yake ciniki a kasuwa. Amma in dare ya yi, hayaƙin masu tsire ya turnuƙe titi, sai ka ji daga wayar wani matashi jarumin Indiya yana zazzaga Hausar Kano. Indiya-Hausa ke nan, aikin kamfanin Algaita da ire-irensa, wanda masu tura fim ke zuba wa mutane a memori.

Fim ɗin soyayya ba wuya: a yi kuka, a yi waƙa. Inda ake gane gwani shi ne fim ɗin tsafi da aljanu.

Farko akwai leɓe. Duk inda ɗan wasa ya haɗe leɓɓansa, dole mai fassara ya nemo kalma mai "m" ko "b" ta faɗo daidai nan. Bahaushe kuwa ba ya yarda a taƙaita masa wasali ko a murɗe karin sauti don a cike gurbi. Nan take kunne zai ƙi. Jimlar harshen Telugu na Indiya mai tsawo a datse ta, gajera a yi mata ciko da "wallahi" ko "kai, yaro". Sannan numfashi, gurnani, da dariyar mugunta da ake jawowa daga ƙasan ciki. Wanda muryarsa ba ta da kauri, ya je ya yi ɗan aike.

Su kansu Indiyawa sun san darajar wannan aiki. A fim ɗin Arundhati na 2009, Sonu Sood ne ya fito a mugun matsafin nan Pasupathi, amma muryar da ta hana mutane barci ta P. Ravi Shankar ce, har ya ci lambar yabo ta Nandi da ita. Tun 1994 da aka juya fim ɗin Jurassic Park zuwa Hindi suka gano cewa dodo ya fi ban tsoro idan mutanen da yake kora suna ihu da harshen gida.

Mu kuma mun taki sa'a, domin kayan aikin duk muna da su. Matsafi ya zama boka, ruhin da ya dawo ɗaukar fansa ya zama fatalwa, ga maye, ga kambun baka, ga laya da guru. Mai fassara ba ya bayani, suna kawai yake kira, tsikar jiki ta tashi. Inda aka zo kan bautar gumaka kuwa, sai ya lanƙwasa magana yadda mai kallo Musulmi ba zai kashe waya ba. Wannan dabara ce babba, ko da yake wani lokacin tana cinye rabin ma'anar labarin.

'Yan Kannywood sun daɗe suna kukan cewa Indiya-Hausa ta ci musu kasuwa, kuma da gaskiyarsu. Sai dai a Briqueterie, inda Hausar yara ke cakuɗe da Faransanci, ta bakin bokan Indiya wasu ke fara jin karin maganar da kakanninsu suka zo da ita daga Kano.