Jinjina ga Masu Rubuta Ƙananan Manhajoji

Gnuplot, manhajar zana jadawali da Thomas Williams da Colin Kelley suka fitar a 1986, umarni a rubuce take karɓa, shi ya sa wasu masu haƙuri suka tsara ƙananan laburare, wato tarin shiryayyun umarni, kamar gnuplot_i na harshen C, wanda ke tura mata alƙaluma daga shirin da mutum ya rubuta, zane ya fito nan take. Ɗalibin unguwar Nima ko Maamobi mai tsohuwar kwamfuta, wanda kuɗin data ke yi wa nauyi, yana cikin masu cin moriyar wannan aiki, domin fayil biyu kacal zai sauke ya samu laburaren. Masu kula da irin waɗannan laburare kuwa shekaru suke yi suna gyaran kurakurai, yawanci ba a biyansu ko sisi.