4.3 Barikanci da Raha a Wasan Samanja Mazan Fama

A wannan fasali za a duba inda rahar Usman Baba Pategi take fitowa, da kuma iyakar da ta tsaya. An haife shi a Pategi ta ƙasar Nufe a 1942, ya yi aikin soja, ya kuma yi aikin watsa labarai a Kaduna, inda ya rasu a 2023. Sunan da ya shahara da shi, wato Samanja, Hausantar da muƙamin sajan-manjo ne. Shi ne mai tsara wasan, shi ne kuma tauraronsa.

Idan aka lura, ba labarin wasan ne ke ba mai kallo dariya ba, domin sau da yawa labarin bai wuce rikicin gida ko na bashi ba. Harshen ne ke ɗauke da nauyin. Samanja yana magana da Barikanci, Hausar da ta tashi a barikin soja tsakanin ƙabilu mabambanta. A irin wannan Hausa jinsi yakan ɓace, a ce "matata ya zo", ɗ da ƙ su koma d da k, sannan a cusa kalmomin fareti na Ingilishi. Ga Basakkwace, wanda ko Hausar Kano yake yi wa kallon sassauci, jin mai ɗamara yana daka tsawa da karyayyar Hausa abin dariya ne ninki biyu: ga iko a murya, ga rauni a harshe. Kasancewar wasannin talabijin na lokacin sun fi dogara ga tsarin labari fiye da rubutaccen zance, wannan fasaha ta bakin ɗan wasan ce, ba ta takarda ba.

Sai dai akwai abin tambaya. Wasan ya yi tashe ne a NTA Kaduna, gidan gwamnati, a zamanin da soja suka mulki Nijeriya daga 1966 zuwa 1979, da kuma daga 1983 zuwa 1999. Ana iya cewa mayar da soja abin dariya a irin wannan lokaci jarunta ce. Wannan bincike bai gamsu da haka ba gaba ɗaya. Wanda ake yi wa dariya ƙaramin jami'i ne mai fama da iyali da kuratan da ke ƙarƙashinsa. Bulalar ba ta hawa sama zuwa ga masu riƙe da gwamnati. Hasali ma, sojan da talaka yake tsoro a shingen hanya shi ne wasan ya mayar maƙwabci mai faɗa amma mai sauƙin zuciya, kuma wannan hoto ya fi yi wa rundunar amfani fiye da yadda ya cutar da ita.