Wasan da Ya Yi wa Masu Labaru Shaguɓe

A shekarar 1997 wani Bature ɗan Ingila, mai suna Chris Morris, ya fito da wani wasa a tashar talabijin ta Channel 4, ana ce da shi Brass Eye, kashi shida. Wanda ya gan shi da fari sai ya ɗauka shirin binciken labaru ne na gaske. Ga mai gabatarwa ya murtuke fuska, ga kiɗa mai firgitarwa, ga alkaluma barkatai waɗanda ba su nufin kome. Ashe duk shaguɓe ya ke yi wa 'yan jaridan da ke kambama labari don su tara masu kallo.

Kashin da ya fi shahara shi ne na ƙwayoyi. Morris ya ƙaga wata muguwar ƙwaya, ƙatuwa, rawaya, ya sa mata suna Cake, alhali kuwa babu ita ko kaɗan. Sa'an nan ya nemi sanannun mutane su yi wa matasa gargaɗi a kanta. Suka zauna gaban na'urar ɗaukar hoto, suka karanta abin da aka rubuta musu, ba tare da sun bincika ba. Har wani ɗan majalisa, David Amess, ya kai tambaya a kanta Majalisar Dokokin Birtaniya.

To, a nan gwanintar wasan ta ke. Bai tsaya wa'azi ba, sai ya bar manya suka nuna da bakinsu yadda ƙarya ke shiga in ta sa rigar labari. Da ma an ce da wasa a ke gaya wa wawa gaskiya.

Amma fa wasan bai rasa aibi ba. Waɗansu da aka yaudara niyyarsu ta alheri ce, aka mai da su abin dariya. Kashi na musamman na 2001 kuwa, wanda ya taɓo yadda jaridu ke ruruta labarin masu lalata da yara, ya ɓata wa mutane da yawa rai, gama akwai ciwon da ba ya son raha.

Duk da haka amfaninsa ya rinjayi aibinsa. Jama'a, wanda ya koyi karatu ya sami mabuɗi, saura ya koyi awo. In labari ya zo maka da tsawa, ka tambaya: wa ya faɗa, ina shaida, wa zai ci riba in na tsorata? Matambayi ba ya ɓata.