Nazari a kan Riwayar Tarihin Garuruwan Bakin Gulbi a Ƙasar Tambuwal da Kebbe

Duk wanda ya zauna gaban dattawan wani ƙaramin gari na kudancin ƙasar Sakkwato ya nemi su ba shi tarihin garinsu, ko a yankin Tambuwal ne, ko a ƙauyukan Kebbe da Kuchi da ke kusa da Gulbin Zamfara, zai tarar riwayar tana tafiya bisa tsari ɗaya wanda ba ya cika sauyawa: a fara da wanda ya sari gari, galibi maharbi ko malami, a faɗi inda ya fito da itacen da ya sauka ƙarƙashinsa, sa'an nan a jero sarakuna ɗaya bayan ɗaya da shekarun kowanne, har a iso ga mai ci yanzu, a yi masa addu'a a rufe. Wannan fanni ne mai ƙa'idoji, kuma ya cancanci a auna shi kamar yadda malamai ke auna kowace riwaya, a dubi isnadinta, a dubi matani.

Ga babban gari irin Tambuwal al'amarin da sauƙi, domin asalinsa yana rataye da abin da alƙalami ya kiyaye. Muhammadu Buhari ɗan Shehu Usmanu ne ya mai da shi ribaɗi, yana tsare wannan kusurwa ta daular Sakkwato daga Kabawa, waɗanda ko da yake an ci Birnin Kabi a 1805, ba su daina yaƙi ba, suka sake miƙewa ƙarƙashin Yakubu Nabame a 1849 suka kafu a Argungu. Mai neman tahƙiƙi yana iya gwada abin da ya ji a fada da Infaƙul Maisuri na Muhammadu Bello, da Tazyinul Waraƙati na Abdullahi ɗan Fodiyo, da abin da Waziri Junaidu ya tattara a Tarihin Fulani. Amma ƙaramin ƙauyen bakin ruwa, wanda littattafan nan ba su ambace shi ba sai in runduna ta ƙetare ta mashiginsa, ba shi da madogara face ƙwaƙwalwar tsofaffi, ita kuwa ta koyi ta zuba labarinta a cikin ma'aunin manyan garuruwa, har ka ji tungar masunta mai gidaje kaɗan tana neman wa kanta nasaba da wani mai tuta.

A nan ne, a ganina, illar fannin take, domin abin da ya fi tafiyar da rayuwar irin waɗannan garuruwa shi ne gulbi, alhali gulbi ba ya shiga silsilar sarakuna. Shi ne ke cika da damina ya malale fadama, ya shafe iyakokin gonakin shinkafa, har in ruwa ya janye sai an kira tsofaffi su bi sawu suna cewa daga wannan giginya zuwa wancan suri na gidan wane ne. Shi ne kuma ke cin gaɓa sannu sannu har jama'a su kwashe rumbunansu su koma tudu, su bar kufai wanda jikoki za su riƙa tono katanga a cikinsa. Wannan ilmi yana nan a tsare, sai dai ba a fada ba. Yana wurin Sarkin Ruwa da Sarkawa, waɗanda suka san gurbin da ba a shiga sai an yi shela, ranar da kowa zai fito da homarsa da gorarsa. Yana wurin mai fito, wanda ya gaji mashigi daga ubansa. Yana wurin tsofaffin mata, masu lissafin aure da haihuwa da shekarar babban ruwa ko shekarar yunwa. Mai tambaya kuwa, saboda ladabi, yakan sauka a ƙofar mai gari, a tara masa waɗanda aka zaɓa, ya rubuta ya tafi.

Sha'anin iyaka ya ƙara wa lamarin sarƙaƙiya. Tun rabon da Shehu ya yi na 1812, da ya ba Abdullahi yamma ya ba Bello gabas, wannan yanki ya zama mahaɗar Gwandu da Sakkwato, ga Kabawa a yamma, ga Zamfarawa a gabas; sa'an nan Nasara suka ci Sakkwato a 1903 suka yanka gundumomi, suka sa jami'ansu suna zagawa suna rubuta asalin kowane gari domin kimanta haraji, abin da wani jami'insu mai suna Arnett ya taƙaita a littafinsa na Lardin Sakkwato a 1920; daga baya aka cire Jihar Kebbi a 1991, aka cire Zamfara a 1996, ƙasar Kebbe ta wayi gari tsakanin jihohi biyu sababbi. Kowane yankan iyaka yana zuwa da tambayar wa ke bin wa, tarihin gari kuwa shi ne hujjar da ake gabatarwa, saboda haka ba abin mamaki ba ne a ji gida biyu na sarauta suna ruwaito kafuwar gari guda ta fuska biyu, kowanne da yaƙini. Ibn Khaldun ya daɗe da lissafa son ɓangare da neman kusanci ga masu mulki cikin sabubban shigar kuskure a labari.

Ta fuskar abin da aka rubuta kuwa, mutanen Holan, waɗanda ƙauyukansu ma ke fama da koguna, sun kafa majalisun kula da ruwa tun ƙarni na 13, suka bar daftarin madatsai da ambaliya. Mu abin da muke da shi a rubuce ya rabu ne tsakanin rahotannin haraji da ke ajiye a Kaduna da takardun Hukumar Tarihi ta Waziri Junaidu a Sakkwato, kuma rahoton haraji, wanda aka ɗauka ta bakin tafinta a gaban hakimi, shi kansa riwayar fada ce da aka sa wa tawada, bai kamata ɗalibi ya ɗauke shi shaida ta biyu mai zaman kanta ba har sai ya ji daga masunta da masu fito.